"Ku dakata, za mu dawo mu ɗauke ku": yadda aka cire masu sauya jinsi daga ƙudurin ENDA a 2007

A tsakiyar watan Satumban 2007, ɗaruruwan mutane suka hallara a birnin Atlanta na jihar Georgia domin taron shekara-shekara da ake kira Southern Comfort, wanda a lokacin yana cikin manyan tarukan masu sauya jinsi a Amurka. Cikin masu jawabi akwai Joe Solmonese, shugaban Human Rights Campaign, wato HRC, ƙungiyar da ta fi kowace ƙungiyar 'yan luwaɗi da 'yan maɗigo kuɗi da faɗa-a-ji a Washington. Ya tsaya a gabansu ya ce ƙungiyarsa ba za ta goyi bayan duk wata dokar da ba ta haɗa da su ba. Bai tsaya nan ba, ya ce za ma ta yi adawa da ita. An ɗauki jawabin a bidiyo, shi ya sa daga baya babu wanda ya iya musanta cewa ya faɗa.

Ba a cika wata biyu ba HRC ta lashe amanta.

Dokar da ake magana a kai sunanta ENDA, ƙuduri ne na hana nuna bambanci a wurin aiki. Domin a gane nauyinta sai an san yadda aiki yake a Amurka. A kusan duk jihohin ƙasar, mai kamfani yana iya sallamar ma'aikaci a kowane lokaci ba tare da ya ba da dalili ba, sai fa in dalilin yana cikin waɗanda doka ta haramta. Dokar 'yancin jama'a ta 1964 ta haramta kora saboda launin fata, addini, asalin ƙasa ko kasancewar mutum namiji ko mace. Ba ta ambaci ɗan luwaɗi ba, ba ta ambaci mai sauya jinsi ba. A 2007, jihohi kimanin 20 ne kawai ke da dokar kansu da ke kare 'yan luwaɗi da 'yan maɗigo a wurin aiki, masu kare masu sauya jinsi kuwa ba su ma kai haka ba. Sannan a can yawancin mutane ta wurin aiki suke samun inshorar lafiya. Wanda aka kora ya rasa albashi, ya kuma rasa kuɗin ganin likita a rana ɗaya.

Akwai bambancin da ya kamata a riƙe tun yanzu, domin a kansa aka yi rigimar duka. Maganar ɗan luwaɗi ko 'yar maɗigo magana ce ta wanda mutum yake sha'awa. Maganar mai sauya jinsi kuwa ta yadda mutum yake jin kansa ce: an haife shi an rubuta namiji, shi kuma a ransa mace ce, ko akasin haka, har ya kai ga sauya suna, sutura, wani lokaci da magani ko tiyata. Bahaushe zai iya tuno ɗan daudu, kuma akwai 'yar kama ta fuskar tafiya da magana, amma ba abu ɗaya ba ne, don da yawa daga 'yan daudu maza suke ɗaukar kansu, suna aure suna haihuwa. Abin da ya fi muhimmanci a nan shi ne ɗan luwaɗi yana iya zuwa ofis shekara goma babu wanda ya sani. Wadda ta tafi hutu da sunan namiji ta dawo da sunan mace ba ta da inda za ta ɓuya.

Tun 1974 aka fara kai ƙudurin kare 'yan luwaɗi majalisar tarayya, ta hannun Bella Abzug da Ed Koch, 'yan majalisa daga New York. A 1994 aka taƙaita shi ga batun aiki kaɗai aka sa masa suna ENDA. A 1996 ya faɗi a majalisar dattawa da ƙuri'a ɗaya tak, 49 da 50. Duk waɗannan shekarun babu masu sauya jinsi a ciki. Sai da suka yi ta naci, suna zarya ofisoshin 'yan majalisa da na HRC ɗin kanta, kafin a watan Afrilun 2007 aka gabatar da ENDA ta farko da ta ambace su. Jam'iyyar Democrat ta karɓe majalisun biyu a zaɓen 2006, Nancy Pelosi ce kakakin majalisar wakilai, kuma jagoran ƙudurin shi ne Barney Frank na Massachusetts, wanda tun 1987 ya fito fili ya ce shi ɗan luwaɗi ne. Tare da shi akwai Tammy Baldwin ta Wisconsin, 'yar maɗigo. Su biyu ne kaɗai a majalisar wakilai a lokacin da suka bayyana kansu. A watan Mayu majalisar ta amince da wani ƙuduri kan laifukan ƙiyayya wanda ya haɗa da masu sauya jinsi, sai mutane suka fara ganin kamar hanya ta buɗe.

A ƙarshen Satumba, makonni biyu kacal bayan jawabin Atlanta, Frank ya ce an ƙirga ƙuri'u ba su kai ba. Sai ya raba ƙudurin gida biyu. Ɗaya na 'yan luwaɗi da 'yan maɗigo, wanda za a kai zauren majalisa. Ɗaya na masu sauya jinsi, wanda za a ajiye sai wani lokaci.

Ba adalci ba ne a mayar da Frank mugun labarin, don hujjarsa ba ta banza ba ce. Mutum ne da ya shafe fiye da shekara 25 a majalisa, ya san ƙidayar ƙuri'a kamar yunwar cikinsa. Ya ce akwai sabbin 'yan Democrat da suka ci zaɓe da ƙyar a mazaɓu masu ra'ayin riƙau, suna iya jure ƙuri'ar kare ɗan luwaɗi, amma suna tsoron tallar da abokin hamayya zai yi musu kan banɗaki da ɗakin sauya kaya a wurin aiki. Ya ce in aka kai ƙudurin a dunƙule, 'yan Republican za su kawo gyara na musamman a kan masu sauya jinsi, a kayar da su a bainar jama'a, kuma ɗan majalisar da ya taɓa kaɗa ƙuri'ar a'a da wuya ya dawo ya ce e. Ya kuma ce haka aka ci kowane yaƙin 'yanci a Amurka, kaɗan-kaɗan, ba a taɓa samun komai a tashi ɗaya ba. A taƙaice, da babu gara ba daɗi: me zai sa a hana miliyoyin mutane kariya don wasu ba su samu ba tukuna?

Martanin da ya biyo baya bai yi tsammaninsa ba. Cikin 'yan kwanaki aka kafa gamayyar United ENDA, wadda ta tara ƙungiyoyi sama da 300 na ƙasa da na jihohi, suna cewa ko a tafi tare ko a fasa. A gaba akwai Matt Foreman na National Gay and Lesbian Task Force da Mara Keisling ta National Center for Transgender Equality. Abin da ya fi jan hankalina shi ne yawancin ƙungiyoyin nan na 'yan luwaɗi da 'yan maɗigo ne, mutanen da ƙudurin da aka rage zai amfana. Ga tuwo an miƙo musu, suka ce ba za su ci ba sai an zuba wa na kusa da su.

Lauyoyin Lambda Legal, ƙungiyar da ke kare haƙƙin 'yan luwaɗi da masu sauya jinsi a kotu, suka ƙara wata hujja da ta shiga har cikin gidan Frank. Suka ce cire wannan sashe ba masu sauya jinsi kaɗai zai cutar ba. Mai kamfani yana iya cewa, ni ban kore shi don ɗan luwaɗi ne ba, na kore shi ne don yana tafiya kamar mace. Ban kore ta don 'yar maɗigo ce ba, don tana aski da shigar maza ne. Wanda ake tsangwama a wurin aiki galibi ba don an ga abin da yake yi a ɗakinsa ba ne, don an ga yadda yake tafiya da magana ne. Frank ya ƙi yarda da wannan fassarar, aka yi ta musayar takardu a fili.

HRC ce ta shiga tsaka mai wuya. Da farko ta ce ba za ta goyi baya ba, ba za ta kuma yi adawa ba, wanda tuni ya saɓa wa alkawarin Atlanta. A farkon Oktoba Donna Rose, mai sauya jinsi ta farko da ta taɓa zama a kwamitin gudanarwar ƙungiyar, ta ajiye muƙaminta. Daga baya ita da Jamison Green suka fice daga majalisar ƙungiyar mai hulɗa da kamfanoni. Ana gab da ƙuri'a, HRC ta sa hannu a wasiƙar da ke roƙon 'yan majalisa su amince da ƙudurin da aka rage.

Ranar 7 ga Nuwamban 2007 aka kaɗa ƙuri'a. Tammy Baldwin ta gabatar da gyaran da zai mayar da masu sauya jinsi ciki, ta yi jawabi a kai, sannan ta janye shi ba tare da an kaɗa masa ƙuri'a ba, don kada a rubuta faɗuwarsa a tarihin majalisa. Ƙudurin ya wuce da 235 da 184. Cikin waɗanda suka ce a'a akwai wasu 'yan Democrat ƙalilan, irin su Jerrold Nadler na New York, waɗanda suka ƙi shi don an cire mutane, ba don suna adawa da manufarsa ba.

Daga nan kuma shiru. Majalisar dattawa ba ta ko ɗauko shi ba. Fadar shugaba George W. Bush ta riga ta nuna cewa ko ya iso teburinsa ba zai sa hannu ba, kuma kowa ya san haka tun kafin a kaɗa ƙuri'ar. Wannan ne abin da ya fi ci mini rai a lamarin. Da a ce cire su zai sa mutum ɗaya ya tsira da aikinsa a shekarar, da sai a ce an yi ciniki mai ɗaci amma an samu wani abu. Ba a samu ba. An sayar da amana don ƙuri'ar da ba ta kare kowa ba, aka tashi biyu babu. Frank ya ce ƙuri'ar share fage ce ga majalisa mai zuwa. Majalisa mai zuwa ta zo da Barack Obama a fadar White House da rinjaye mai yawa a zaurukan biyu, ENDA ba ta ko kai zaure ba.

Me ya sa alkawarin "za mu dawo mu ɗauke ku" bai shiga kunnen masu sauya jinsi ba? Don sun sha jin sa.

Sylvia Rivera ta fara kwana a titunan New York tun tana 'yar shekara kusan 11. Tana cikin matasan da suka shiga gwagwarmayar da ta biyo bayan tarzomar mashayar Stonewall ta Yunin 1969, lokacin da 'yan luwaɗi da masu sauya jinsi suka yi wa 'yan sandan da suka kai samame tirjiya, kuma a 1970 ita da Marsha P. Johnson suka kafa ƙungiyar STAR, suka kama gida suna kwantar da yaran da iyayensu suka kora. A farkon shekarun 1970, lokacin da ake neman dokar birnin New York ta kare 'yan luwaɗi, sai masu jagorancin neman suka cire irin su Sylvia daga ƙudurin don ya fi saurin wucewa. Bai wuce ba sai 1986. A gangamin Yunin 1973 a dandalin Washington Square, da ƙyar ta samu makirufo, taron kuwa ya yi ta yi mata ihu. Bidiyon yana nan: siririyar mace, murya ta dishe, tana gaya musu an doke ta, an karya mata hanci, an kulle ta, ta rasa aiki, ta rasa ɗaki saboda wannan gwagwarmaya, ga kuma sakayyar da suke yi mata. Masu ihun ba 'yan sanda ba ne. Mutanenta ne.

A watan Fabrairun 2002 Sylvia tana kwance a asibiti da ciwon dajin hanta, shugabannin babbar ƙungiyar 'yan luwaɗi ta jihar New York suka je wurinta, ta roƙe su kada su bar masu sauya jinsi a baya a dokar jihar da ake shirin yi. Ta rasu a watan, tana da shekara 50. A Disamba dokar ta wuce babu su. Aka ce za a dawo. An dawo a Janairun 2019, bayan shekara 16 da ɗoriya, lokacin da ita ƙungiyar da ta yi alkawarin ta riga ta rufe ofis. A Massachusetts, jihar Frank, tsakanin dokar farko ta 1989 da ta biyu ta 2011 akwai shekara 22. A Wisconsin, jihar Baldwin, wadda ita ce ta fara kare 'yan luwaɗi a 1982, an shafe fiye da shekara 40 ba a dawo ba. Minnesota kuwa, da ta haɗa su duka tun 1993 a doka ɗaya, ba ta taɓa buƙatar komawa ba. Dalilin a bayyane yake. Da zarar masu yawa da masu kuɗi sun samu nasu, gudummawa takan ragu, masu zuwa gangami su koma gida, sai a bar 'yan tsiraru su tura motar su kaɗai.

Rigimar 2007 ta canza gidan, ko da ba ta canza doka ba. An shafe watanni ana zanga-zanga a ƙofar liyafofin tara kuɗi na HRC, wasu 'yan siyasa suka ƙaurace musu. Frank ya ɗauki Diego Sanchez, mai sauya jinsi, aiki a ofishinsa na majalisa, kuma ENDA da ya gabatar a 2009 ta haɗa kowa. A shekarar Obama ya sa hannu a dokar laifukan ƙiyayya mai ɗauke da sunayen Matthew Shepard da James Byrd, mutum biyu da aka kashe saboda ƙiyayya, wadda ta ambaci masu sauya jinsi. Ranar 7 ga Nuwamban 2013, shekara shida cif bayan waccan ƙuri'a, majalisar dattawa ta amince da ENDA cikakkiya da 64 da 32, har da 'yan Republican goma. Abin da aka ce ba zai yiwu ba ya yiwu, sai dai kakakin majalisar wakilai John Boehner ya ƙi kawo shi zaure. A 2014 sabon shugaban HRC, Chad Griffin, ya je taron Southern Comfort ɗin nan, ya nemi gafara a madadin ƙungiyarsa.

Kariyar da aka shafe shekara 46 ana nema a majalisa, a ƙarshe daga kotu ta fito, kuma ɗaya daga cikin mutum ukun da suka kawo ta mai sauya jinsi ce.

Aimee Stephens ta yi kusan shekara shida tana aiki a wani kamfanin shirya jana'iza a yankin Detroit na jihar Michigan, tana gyara gawa tana tarbar masu makoki, da kwat ɗin maza. A 2013 ta rubuta wa mai kamfanin da abokan aikinta wasiƙa. Ta ce ta daɗe tana fama da abin da ke ranta, kuma in ta dawo daga hutu za ta dawo a matsayin Aimee, cikin shigar aiki ta mata mai mutunci. Bayan kamar mako biyu aka sallame ta. Mai kamfanin bai ɓoye dalili ba, ya faɗa a shari'a cewa don ba za ta ci gaba da fitowa a matsayin namiji ba ne. Hukumar EEOC mai kula da daidaito a wurin aiki ta shigar da ƙara a madadinta. Kotun farko ta ba kamfanin gaskiya, kotun ɗaukaka ƙara ta juya hukuncin a 2018, magana ta kai kotun ƙoli. Aka haɗa ta da ƙarar Gerald Bostock, ma'aikacin ƙaramar hukuma a Georgia da aka kora bayan ya shiga ƙungiyar wasan 'yan luwaɗi, da ta Donald Zarda, mai koyar da dirowa daga jirgi da laima, wanda ya rasu tun 2014. Ranar sauraron ƙara a Oktoban 2019, a keken marasa lafiya aka kawo Aimee, ciwon ƙoda ya ci ƙarfinta.

Ranar 15 ga Yunin 2020 kotun ta yanke hukunci, alƙalai shida da uku. Wanda ya rubuta shi Neil Gorsuch ne, alƙalin da Donald Trump ya naɗa. Hujjarsa mai sauƙi ce. Ka ɗauki ma'aikata biyu, dukansu suna sha'awar maza, ɗaya mace ɗaya namiji. In ka kori namijin ka bar macen, ka kore shi ne kan abin da ka yarje wa mace, ke nan jinsinsa ya shiga cikin dalilin, kuma dokar 1964 ta haramta hakan. Haka in ka kori wadda aka rubuta namiji ranar haihuwa don tana rayuwa a matsayin mace, alhali ba ka kori wadda aka rubuta mace ba. Tushen wannan tunani ya faro tun shari'ar Ann Hopkins ta 1989, matar da aka hana ƙarin girma a wani babban kamfanin akanta aka ba ta shawarar ta riƙa tafiya da magana kamar mace, ta riƙa kwalliya. Ma'ana, hujjar da Lambda Legal ta kawo a 2007, cewa abubuwan biyu ba sa rabuwa, ita ce ta tsaya a kotu. Alƙali Brett Kavanaugh, a nasa ra'ayin na adawa, ya jero ƙuri'un 2007 da 2013 don nuna cewa aikin majalisa ne ba na kotu ba.

Aimee ba ta ji hukuncin ba. Ta rasu ranar 12 ga Mayun 2020, saura wata ɗaya da 'yan kwanaki, tana da shekara 59.

Hukuncin ya tsaya ne a kan aiki, bai rufe maganar ba, kuma tambayar 2007 ta dawo da sabuwar riga. Tun bayan da aka halasta auren jinsi a duk Amurka a 2015, wutar siyasa ta koma kan masu sauya jinsi kusan su kaɗai: banɗaki, wasannin makaranta, magungunan matasa, aikin soja, fasfo. Ana kuma sake jin muryoyi daga cikin gida suna cewa a raba gari, nauyinsu ya yi yawa. Ranar 20 ga Janairun 2025 Trump ya sa hannu a umarnin cewa gwamnatin tarayya jinsi biyu kawai ta sani, kuma ba sa sauyawa. A Fabrairu hukumar kula da wuraren tarihi ta goge ambaton masu sauya jinsi daga shafin intanet na wurin tarihin Stonewall, taƙaitaccen sunan LGBTQ+ ya koma LGB, an cire har da harafin T da ke nufin masu sauya jinsi. Mutane suka cika ɗan filin da ke gaban mashayar suna zanga-zanga.

Jihar Iowa tana cikin waɗanda suka yi abin da United ENDA ke nema. A 2007, shekarar da ake wannan rigima a Washington, majalisarta ta saka 'yan luwaɗi da 'yan maɗigo da masu sauya jinsi cikin dokar 'yancin jama'a ta jihar a lokaci ɗaya. A ƙarshen Fabrairun 2025, ɗaruruwan mutane sun cika harabar majalisar a Des Moines suna ihu, 'yan majalisa suka amince da ƙudurin gyara dokar, gwamna Kim Reynolds ta sa hannu. Sashen 'yan luwaɗi da 'yan maɗigo an bar shi yadda yake. Na masu sauya jinsi aka cire, ya daina aiki ranar 1 ga Yuli.